Mai Alƙalami a Bayan Labule: Waiwaye Daga Takur

Ranar 27 ga Agusta, 1991 gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta yanke Jigawa daga jikin tsohuwar Jihar Kano, ta ce Dutse ce babban birni. Duk wanda ya san Dutse a wancan lokaci ya san nauyin ya zo mata ba shiri. Gari ne na duwatsu da itatuwan dabino, fadar Sarki tana Garu, sai ga ma'aikata an kwaso su daga Kano mota-mota, ana neman inda za a ajiye teburin ofis, ana neman inda za a shimfiɗa katifa. Unguwarmu ta Takur na cikin wuraren da suka buɗe suka cika saboda wannan ƙaura. Ma'aikata da yawa sun bar iyalinsu a Kano. Ranar Juma'a in an sauko daga masallaci sai a kama hanyar Kwanar Huguma da Wudil, Litinin da sassafe a juyo. A jakar masu juyowa, ban da wankakkun kaya da yajin da uwargida ta daka, ba a rasa wasu ƙananan littattafai na soyayya. Wanda ya fi yawo hannu-hannu a cikinsu, har sai an ɗinke bangonsa da zare, shi ne In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino.

Fiye da shekara 30 ke nan. A tsawonsu labarin Hausa ya yi ta sauya mazauni: daga takarda ya koma kaset, daga kaset ya koma faifai, daga faifai ya hau tauraron ɗan'adam, yau ga shi a wayar da ke aljihun kowane yaro. Kowane sauyi ya tafi da mutanensa. Wasu sun yi suna a zamanin kaset, zamanin faifai ya shafe su. Ado Gidan Dabino yana cikin 'yan kaɗan da na gani a kowane mataki, yana marubucin littafi, yana mawallafi, yana mai shirya fim, yana marubucin wasan kwaikwayo, yana ɗan wasa. Shi ya sa in ina son in auna abin da ya samu wasan kwaikwayonmu, tafiyarsa nake dubawa. Abin da take nuna mini shi ne, na'ura zuwa take yi ta wuce, amma mai riƙe da wasa shi ne mutumin da ya zauna ya tsara wa zai ce me, ga wa, a wane lokaci. Mun daɗe ba mu ba wannan mutum matsayinsa ba.

Bahaushe bai jira boko ya koya masa kwaikwayo ba. Da azumi ya kai goma, lungunan Takur kan cika da 'yan tashe bayan an sha ruwa. Yaro ya liƙa gemun auduga, ya cusa tsumma a riga ya yi tumbi, ya dogara sanda yana tafiya a duƙe, abokansa na biye da gwangwani da fitila. 'Yan mata su yi Mairama da Daudu, ɗaya ta sa rigar wanta da hula ta zama miji, a kwaikwayi zaman aure a tsakar gida, matan gida na dariya alhali gaskiya ake faɗa musu. Waɗannan wasanni ba su da marubuci. Al'umma ce ta tsara su, na baya ya karɓa daga na gaba ya ƙara nasa.

Rubutaccen wasa, mai kashi-kashi da fitowa-fitowa, mai sunan ɗan wasa a gefe da maganarsa a gaba, shi ne ya zo tare da boko. Abubakar Tunau ya fitar da Wasan Marafa a 1949. Shu'aibu Maƙarfi ya rubuta Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu. Sai Uwar Gulma na Mohammed Sada, da Tabarmar Kunya na Adamu Ɗangoggo da Dauda Kano, da Kulɓa Na Ɓarna na Umaru Ɗanjuma Katsina. Su muka karanta a aji, su muka taka a dandalin makaranta ranar rabon kyaututtuka, zannuwan gado ne labulenmu. A rediyo da talabijin kuwa wata hanya aka fi bi. Su Samanja da Ƙasimu Yero da Karkuzu gwanaye ne da ake gaya wa inda labari ya dosa, su cike sauran da bakinsu a gaban kyamara. Sun yi abin da har yau ba a manta ba, amma da yawan abin da suka faɗa ya bi iska, domin ba a rubuce yake ba.

A tsakanin waɗannan hanyoyi biyu Ado Ahmad ya taso. An haife shi a 1964 a Ɗanbagina ta ƙasar Dawakin Kudu, ya girma a Zangon Barebari cikin birnin Kano. Karatun allo ya fara yi. Boko sai da ya girma ya same shi, ta ajin yaƙi da jahilci da makarantar dare, har daga baya ya yi difloma a fannin aikin jarida a Jami'ar Bayero. Wanda duk ke son ya gane rubutunsa, sai ya riƙe wannan tarihi. Mutumin da ya shiga aji bayan ya riga ya san kasuwa, ya san zaure, ya san yadda tsohuwa ke yi wa jikarta faɗa da yadda mai kuɗi ke magana in ya zo neman aure, Hausarsa ba daga littafi ya ɗauko ta ba. Kunnensa ya riga alƙalaminsa ƙwarewa.

Lokacin da ya fara rubutu, ƙofar manyan kamfanonin ɗab'i a rufe take ga irinsa. Tattalin arziki ya karye a shekarun 1980, shirin tsuke bakin aljihu na SAP ya zo a 1986, takarda ta yi tsada, kamfanoni suka karkata ga littattafan da makarantu za su saya. Matasan Kano ba su tsaya jira ba. Suka riƙa tara kuɗi suna kai rubutunsu ƙananan maɗaba'u, su ɗauko su kai wa 'yan kasuwa da kansu. Suka kafa ƙungiyoyi. Wadda ta fi suna ita ce Raina Kama, inda Ado yake tare da Ɗan'azumi Baba Ceɗiyar 'Yan Gurasa da Balaraba Ramat Yakubu da wasunsu. Masana suka rabu a kansu. Ibrahim Malumfashi ya kira abin adabin kasuwar Kano, yana ganin ba zai yi ƙarko ba. Abdalla Uba Adamu da Yusuf Adamu suka tsaya kare shi, aka yi shekaru ana fafatawa a shafukan jaridu. Ana can ana wannan muhawara, a nan Takur matan aure da ba su yi nisa a boko ba suna ta haɗa baƙi da kansu domin su san yadda Sumayya, tauraruwar In Da So Da Ƙauna, ta ƙare.

Sumayya 'yar masu hali ce da ta ƙallafa ranta a kan Muhammad, saurayi mai hankali amma ba shi da abin hannu. A gida an fi son Abdulƙadir mai dukiya. Da aka matsa mata, ta faɗa rijiya. Wannan rijiya ta jawo wa marubucin suka mai yawa, ana cewa yana koya wa 'yan mata bijire wa iyaye. Masu kare shi suka ce auren dole ne ya jawo, shi nunawa kawai ya yi. Har wani masani da ke koyarwa a Amurka, Brian Larkin, ya yi nazarin littafin a wata maƙala ta 1997 kan tasirin finafinan Indiya a ƙasar Hausa. Ni abin da ya tsaya mini a rai daban ne. In ka karanta littafin da baki, za ka ji ƙarfinsa a zance yake: hirar saurayi da budurwa, shawarar aboki, matsin dangi, kowa da irin bakinsa. Littafin labari ne, amma hannun marubucin wasa ne ya rubuta shi. Shi ya sa da aka mayar da shi fim bai yi wuyar zama ba.

Fim ɗin bidiyo na Hausa ya fara da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990. Waɗanda suka fara shiga harkar mutanen dandali ne da mutanen littafi. Ado ya mayar da In Da So Da Ƙauna fim a 1994. Bala Anas Babinlata ya yi haka da Tsuntsu Mai Wayo, aka ɗauki Ki Yarda Da Ni na Bilkisu Funtuwa da Alhaki Kwikwiyo Ne na Balaraba Ramat. Hoton finafinan nan bai da kyau, kukan zakara da ƙarar babur na shiga cikin sauti, amma labarinsu a tsaye yake, domin an gama tsara shi a takarda kafin a kunna kyamara. A Takur gida ɗaya mai bidiyo da janareta yakan ɗauki yaran layi guda. A shimfiɗa tabarma a tsakar gida, mata a baya, yara a gaba. Kaset ya naɗe a tsakiyar kallo, a ciro shi a warware a hankali, a hure kan bidiyon a mayar, kowa ya yi tsit. Washegari a bakin famfo da teburin mai shayi, abin da ake maimaitawa shi ne abin da wane ya ce wa wance. Magana mutane ke haddacewa.

Daga ƙarshen shekarun 1990 al'amura suka juya. A 1999 aka raɗa wa masana'antar suna Kannywood a mujallar Tauraruwa, a shekarar kuma mujallar Fim ta Ibrahim Sheme ta fara fitowa. Sangaya ya fito ya yi kasuwar da ba a saba gani ba, kowa ya gane rawa da waƙa ke sayar da kaset. 'Yan kasuwar Ƙofar Wambai da Bata, waɗanda kuɗinsu ke juya harkar, suka zama masu faɗa a ji: wane jarumi ne a fosta, waƙa nawa ce a ciki. Aka kai lokacin da ake fara buga waƙoƙi a sitidiyo, daga baya a nemi labarin da za a jingina su da shi. A ɓangaren camama, inda marigayi Rabilu Musa Ibro ya ci zamaninsa daga Wudil, nan kan hanyarmu ta Kano, baiwar ɗan wasa ce ke ɗauke da komai. Marubuci ya koma kamar matar da ta kwana tuƙa tuwon biki a bayan gida: kowa ya ci ya yaba, amma wadda ta ɗauko kwano ta kawo ita ake sa wa albarka. Sunansa, in ma an sa, yana can ƙarshe, lokacin da an riga an tashi ana naɗe tabarma.

A irin wannan yanayi Ado ya yi abin da kasuwa ba ta nema ba, ya koma ga rubutaccen wasan kwaikwayo. Malam Zalimu ya zo na ɗaya a gasar tunawa da Injiniya Muhammad Bashir Ƙaraye a 2009, daga baya Daƙiƙa Talatin ya biyo. Duk wanda ya san harkar littafi ya san wasa ba ya kawo kuɗi irin na labarin soyayya; in ba an sa shi a manhajar makaranta ba, zai daɗe a kanta yana shan ƙura. Mutumin da sunansa kaɗai ya isa ya sayar da littafin soyayya, in ka ga ya zauna rubuta wasa, to ya ga gadon su Tunau da Maƙarfi ne yana neman yankewa, bai yarda ya yanke a zamaninsa ba.

Shekarun ba su zo da sauƙi ba. An kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a 2001. A 2007 tacewar ta tsananta, aka dakatar da ɗaukar fim na wani lokaci, aka ƙona littattafai a bainar jama'a, a shekarar da ta biyo aka nemi marubuta su yi rajista da hukumar. Ado ne shugaban reshen Kano na Ƙungiyar Marubuta ta Nijeriya, ANA, a lokacin, yana cikin waɗanda suka yi magana da yawun marubuta. Ba na cikin masu cewa kada a tace komai. Ina da 'ya'ya, na kuma ga abubuwan da bai kamata a nuna ba. Amma mai tace rubutu ya kamata ya san rubutu, ya iya bambance mai nuna ɓarna domin a guje ta da mai tallanta. A 2014 gwamnatin tarayya ta ba Ado lambar girma ta MON. Na ji daɗin wannan lamba, domin ta sauka a kan mutumin da ya yi sunansa da Hausa, ya kuma fara boko a ajin yaƙi da jahilci.

Sai kasuwar faifai ta rushe. Masu satar fasaha suka fara cin ta, 'yan dawunlodin suka ƙarasa: ka miƙa waya ko memori a ɗan ƙaramin shago, a tura maka finafinai da kuɗin da bai kai na faifai ɗaya ba. Shagunan haya suka koma wuraren cajin waya da sayar da kati. Mutane da yawa sun ɗauka an gama. Sai tashar Arewa24 ta buɗe a 2014, ta kawo Daɗin Kowa a 2015, ta kawo Kwana Casa'in a 2019, inda aka ga Ado da kansa a matsayin Malam Adamu, cikin rikicin siyasar wani wuri na ƙage mai suna Alfawa. Kafin nan ya fito a Juyin Sarauta na Balaraba Ramat Yakubu, wanda ya kwashi kyaututtuka a bikin finafinai na Zuma a 2017. A 2020, shekarar kullen korona, Labarina na Aminu Saira da Izzar So na Lawan Ahmad suka tabbatar da cewa zamanin fim mai dogon zango ya kama, a talabijin da YouTube.

Wannan salo ya tilasta wa masana'antar abin da nasiha ta kasa. Fim ɗin awa biyu ana iya lallaɓa shi a lokeshan, a cike giɓi da waƙa. Labarin da zai yi zango bayan zango, ana sakin sa mako-mako, ba ya lallaɓuwa. Dole wani ya riƙe lissafi: wa ya san sirrin nan, a wane kashi ya sani, me ya ce wa matarsa a zangon baya, wane batu aka taso da shi ba a rufe ba. Dole kowane kashi ya tsaya a inda mai kallo zai ƙagu mako ya zagayo. Dole kowane ɗan wasa ya kasance da bakinsa, yadda ko kin juya baya kina wanke-wanke za ki san wa ke magana. In aka yi sake, masu kallo ba sa yafewa. Kafin gari ya waye sun cika Facebook da gyara. Sai ga darakta da furodusa suna neman marubuci ido rufe, suna jiran sikirif kafin su kira kowa. Aka fara jin sunaye: Fauziyya D. Sulaiman, Nazir Adam Salih, Yakubu M. Kumo, Ibrahim Birniwa. Da yawan marubutan nan daga rubutun littafi suka fito, wato daga makarantar da aka taɓa cewa ba za ta yi ƙarko ba. Da tsohuwar zuma aka yi maganin.

Sauyin ya iso har layinmu. Wata 'yar maƙwabcina da ke karatu a Jami'ar Tarayya ta Dutse ta yi sallama wata rana bayan la'asar, ta durƙusa ta gaishe ni, ta miƙo waya da hannu biyu.

“Baba, wani labari nake rubutawa, na fim. Ina so a duba mini.”

Na karɓa ina ja da yatsa. Ta tsara shi tsaf, fitowa-fitowa, ta rubuta ciki ko waje, dare ko rana. Labarin wata amarya ce da uwar mijinta. Na mayar mata da wayar na ce ta karanta mini maganar uwar mijin da baki. Ta fara, ba ta yi nisa ba ta tsaya, ta rufe baki da gefen hijabi.

“Lafiya, 'yata?”

“Baba, ai ba tsohuwar da za ta yi magana haka. Wannan maganata ce.”

“Kakarki tana nan?”

“Tana Kiyawa.”

“To je ki yi hutu a wurinta. Kada ki tambaye ta komai. Ki dai zauna kusa da ita in tana faɗa, in tana ciniki, da in tana son faɗin abu ba ta son ta fito da shi fili.”

Bayan hutu ta dawo da rubutun. Uwar mijin ta daina dogon bayani. Kaza take kora daga bakin ɗaki, tana gaya wa kazar abin da take nufi da amarya. Yarinyar nan ba ta taɓa hawa dandali ba, littafin wasa ma sai wanda jarrabawa ta sa ta karanta, amma ta taɓo abin da Ado da tsararrakinsa suka samu a zaure da kasuwa.

Duk da wannan ci gaba, akwai abubuwan da ke damuna. Na farko, dandali ya mutu a yawancin makarantunmu. A dandali ne marubuci ke jin inda jama'a suka yi dariya da inda suka fara hira da juna, ya koma gida ya gyara. Wanda bai taɓa ganin fuskar masu kallonsa ba, adadin waɗanda suka danna kawai yake gani. Na biyu, ba mu adana sikirif. Jatau Na Kyallu ya haura shekara 60, yau ma ɗalibi zai same shi ya karanta. Ɗimbin finafinan da aka yi daga 1990 zuwa yau, takardun guda nawa ne ke ajiye a wani ɗakin karatu? Na uku, kuɗin YouTube ya fi zuwa ga mai tsawaitawa, sai a yi ta jan labarin da ya kamata ya ƙare a zango biyu har ya gundure kowa. Na huɗu, harshe. Ana cusa Ingilishi a bakin wanda a zahiri ba zai yi shi ba, don a nuna wayewa, ana kuma sa Kananci a bakin kowa, ko Bahaɗeje ne ko Bagumale ko Basakkwace.

Sai maganar haƙƙi. Har yau akwai marubucin da ake sallama da ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, a yi ta cin riba da labarinsa shekara da shekaru, babu yarjejeniya a rubuce, wani lokaci ma a canza masa labari ba a gaya masa ba. Ba mu kaɗai abin ya taɓa samu ba. A Indiya, Salim Khan da Javed Akhtar, waɗanda suka rubuta Sholay na 1975 da muka yi ta kallo a silimun Kano, sai da suka dage kafin sunan marubuci ya samu wuri a fosta. A Amurka marubutan Hollywood sun yi yajin aiki na kwana 148 a 2023, kan rabon kuɗin da ake samu a kafofin intanet da barazanar ƙirƙirarriyar basira, harkar ta tsaya cik har aka zauna da su. Abin da ya ba su nasara shi ne ƙungiya mai ƙarfi da takarda mai sa hannu.

Mu a Jigawa har yanzu kallo ya fi mana yawa a kan samarwa. Matashin da Allah ya ba baiwa sai ya tattara ya koma Kano. Alhali labari a jibge yake a ƙasar nan: Sarkin Haɗeja Buhari da bijirewarsa ga Sakkwato, tsayuwar Haɗejawa a gaban Turawa a 1906, zanen da mutanen dauri suka bari a duwatsun Birnin Kudu, kasuwar dabbobi ta Maigatari da hada-hadar kan iyaka, zaman manomi da makiyayi a fadamar Haɗeja, ambaliyar da ke tashin ƙauyuka da damina. Kowane ɗaya ya isa wasa, ya isa fim mai dogon zango. In ba mu rubuta ba, ko dai wani ya rubuta mana da bakin da ba namu ba, ko a bar shi ya ɓace. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Kayan aiki kuwa muna da su fiye da waɗanda Ado ya samu a farkonsa. Jami'ar Tarayya ta Dutse tana nan tun 2011, ga Jami'ar Sule Lamido a Kafin Hausa, ga Kwalejin Ilimi a Gumel, ga Rediyon Jigawa da talabijin ta jiha. Abin da ake buƙata ba mai tsada ba ne. Shugabannin makarantu su dawo da ƙungiyar wasan kwaikwayo, kowane zangon karatu a taka wasa ɗaya, ko na Maƙarfi, ko Malam Zalimu, ko wanda ɗalibi ya rubuta. Gidajen rediyonmu su ware rabin awa a mako ga wasan da ɗan jiha ya rubuta, su biya shi, su faɗi sunansa tun a farko. Sassan Hausa na manyan makarantunmu su nemi sikirif daga hannun marubutan fim su adana, su kuma gayyato irin su Ado Gidan Dabino su zauna da ɗalibai tun suna da ƙarfinsu. Masu hali su ɗauki nauyin gasar rubutun wasa, yadda iyalin marigayi Ƙaraye suka yi. Marubuta su haɗa kai, kada kowa ya miƙa labari sai da takarda.

Kai kuma mai kallo, in kashi ya ƙare kada ka yi saurin dannawa ka wuce. Tsaya ka karanta sunan wanda ya rubuta, ka riƙe shi, ka neme shi a wani aikin. Ranar da muka fara zaɓen fim saboda marubucinsa, ranar furodusa zai fara biyan sa haƙƙinsa.